Dodon da Aka Ba Ɗanmaliki Kiwo

Fakku, ƙasar Kebbe
Farkon damina

Zuwa ga Ɗanmaliki, ɗan goggona, bawana na gado,

Assalamu alaikum. Ina tambayar lafiyarka da ta Batula da yara, da ƙafar Goggo, ko kumburin ya sauka. Ragunanka ma ina gaishe su, tunda na san in ban tambaye su ba sai ka ce ban gaishe ka ba. Ni na iso lafiya, in ana kiran wannan isowa lafiya. Daga Kebbe zuwa nan a kan mashin na zo, akwatin littattafai a cinya, kuma har yau akwai ƙashin da bai koma wurinsa ba a bayana. Sun ce makarantar nan na buƙatar malamar lissafi, shi ya sa aka ɗauko ni daga Tambuwal da furfurata. To, ga ni. Yaran na da kai, allon ne ba shi da kyau.

Sabis babu. Iska ta lalata ƙarfen da ke kawo shi tun hadarin farko. Shi ya sa na bar maka babbar wayata na taho da ƙarama mai tocila, shi ya sa kuma za ka riƙa shan takarda ta hannun Malam Almu mai kabu-kabu. Ranar da na ba ka wayar hankalinka na kan wani mai sayen rago, don haka ga bayanin a rubuce.

A cikin wayar akwai wasan dodanni. Kada ka fara istigfari, zane ne ba aljanu ba. Ana kama su ƙanana, a rene su, a kai su fili su yi faɗa da na wasu mutane. Wanda ya dame ni guda ɗaya ne, mai kama da kunkuru da ƙaho a goshi. Na sa masa suna Turmi don aikinsa shan duka. A saman kansa za ka ga lamba, 1,496. Ƙarfinsa ke nan. Filin da nake shiga ba a karɓar wanda ya wuce 1,500, ko da ɗaya ne.

Kowace Juma'a bayan la'asar ka buɗe, ka shiga filin 'yan biyu-biyu. Za ka tarar da wani siririn dodo mai suna Allura yana jira. Ka danna inda aka zana takobi, ka bar Turmi ya yi faɗan da kansa. Allura na yarinyar nan tawa ne ta Fatakwal. Ka san tun da ta ajiye karatunta a shekarar ƙarshe ta auri Mannir ta bi shi da buhunan albasarsa, na faɗi abin da na faɗa, ban janye ba, ita ma ba ta kira ba. Amma ita ta sa mini wasan tun tana jami'a, kuma ko Juma'a ɗaya ba ta taɓa fashi ba, ni ma haka. Turmi ya tsaya gaba ya sha duka, Allura ya yi suka ta baya, a gama kowa ya kashe wayarsa. Ba ma rubuta wa juna komai. Ba ta san an yi mini canji ba, kuma ba na so ta zo ta tarar ba kowa.

Akwai koren maballi a ƙasan Turmi, na ba shi tsaba. Za ka ga tsabar da yawa a rumbu. Kada ka ba shi. Kada ka wahalar da kanka da wannan ko kaɗan, ka bar shi yadda yake.

Ka ce wa Goggo ina cin abinci.

Uwargijiyarka,
Hinde


Tambuwal

Zuwa ga Malama Hinde, mai kiran kanta uwargijiyata,

Wa alaikumus salam. Takardarki ta iso da laka a gefe. Muna nan lafiya lau. Ƙafar Inna ta sauka, har ta taka zuwa gidan suna. Batula na gaishe ki, ta ce in kin rasa daddawa ki faɗi. Raguna suna amsawa, farin nan mai baƙin ido har ya fara ƙin shiga ƙofar garke.

Na shiga filin kamar yadda kinka ce, kuma na tarar da Allurar Ruwaida. Ni zan faɗi sunanta, tunda ba ni na haife ta ta fari ba. Mun ci ukku, an ci mu ɗaya. Na ji daɗi ƙwarai, har Batula ta leƙo ta ce mi ya samu tsoho shina ihu shi kaɗai. Sai dai zuciyata ba ta kwanta ba. Yarinya na can tana zaton uwarta ce, alhali wani ne mai warin dusa. In da za ki ba ni izini da na kira ta na faɗa mata.

Sannan ga abin da ya fi damuna. Wagga dabba taki ramammiya ce. Na leƙa na mutane, na ga mai dubu ukku, na ga mai dubu fuɗu. Naki shina zaune wuri ɗaya, ga tsaba jibge a rumbu ba mai ci. Ɗan'iya ya leƙo wayar a majalisa ya ce, "Ɗanmaliki, wa ya ba ka kiwo ka bar mai dabba da yunwa haka? In gari ya ji, wa zai sake kawo maka ko tunkiya?" Anka yi ta dariya. Na yi dariyar ni ma, amma maganar ta ci mini rai.

Na ga inda kinka ce kada in wahalar da kaina, na kuma gode da alkunya. Haka kowa ke cewa in ya kawo dabba: "Don Allah kada ka ɓata dusarka, bar ta ta yi kiwo da kanta." Ba wanda ya taɓa nufin haka, kuma da zan maido mai ita yadda ta zo, da gaisuwa ta ƙare tsakaninmu. Tun ina saurayi nika karɓar kiwo, ban taɓa maida dabba ba ƙari ba. Ba kan taki zan fara ba.

Zan jira amsarki. In na ji shiru na san kin yarda, don tun muna yara ba ki taɓa yin shiru kan abin da ba ki so ba.

Ɗan goggonki, ba bawan kowa ba,
Ɗanmaliki


Fakku

Ɗanmaliki,

Assalamu alaikum. Lafiyata lau, na ji daɗin labarin ƙafar Goggo, a gaida Batula. Gaisuwa ta ƙare, gyara zama.

Ba alkunya na yi ba. Yaushe ka taɓa ganin na yi maka alkunya? Da na ce kada ka ba shi tsaba, nufina kada ka ba shi tsaba.

Bari in koya maka kamar yadda nake koya wa 'yan aji ɗaya. Kowane dodo na da abu uku a ɓoye: duka, kariya, da juriya. Lambar da ke saman kansa ba jimlarsu ba ce kai tsaye. Na yi watanni ina ba ƙananan dodanni tsaba ina duba yadda lambar ke motsi, har na gano cewa duka ana lissafa shi cikakke, kariya da juriya kuwa ana rage musu nauyi sosai kafin a haɗa. Ka ɗauka ma'aunin kasuwa ne mai son ƙaho. In ka ɗora ƙaho ya rubuta da yawa, in ka ɗora nama ya rubuta kaɗan. Sai aka ce ba ragon da zai shiga fili sai wanda bai wuce kaza ba a wannan ma'auni. Wane rago za ka kai? Mai ƙaramin ƙaho mai nama, ko ba haka ba? To shi ne Turmi. Na kama irinsa ba adadi ina saki, kafin na samu wanda dukansa ke can ƙasa, kariya da juriya a sama. Shi ya sa ya hau matakai da yawa bai taɓa rufin ba. Masu dubu uku da ka gani na filin manya ne, can wata duniya ce. A filinmu babu wanda ya fi Turmi nama, lambar ce kawai ba ta nunawa.

Cin tsaba sau ɗaya na ƙara masa wajen goma sha uku. Huɗu suka rage masa. Yi lissafin da kanka, ai ka yi firamare. Kuma in ya hau ya hau, babu maballin ramewa. Daga ranar ƙofar filin ta rufe masa, Allura kuwa ba ya iya bin sa filin manya, duka ɗaya za a yi masa ya faɗi.

Zancen kiranta ba ruwanka. Ita ce ƙarama.

Ka ce wa Ɗan'iya ya fara ciyar da jakinsa da ake ƙirga haƙarƙarinsa daga bakin masallaci, sannan ya zo ya yi maganar dabbar mutane.

Ruwa ya yi yawa kwanan nan. Malam Almu ya ce zai gwada hanya ya gani.

Hinde


Tambuwal

Zuwa ga Malama Hinde,

Sallama da fatan alheri. Kowa lafiya, sai ƙaramar Batula da ta yi mura ta warke. Allah ya sa ruwanga bai dame ku ba, don mu nan gero ya yi kyau.

Na jira, na jira, na ji shiru, na ce to Malama ta yarda, kunya ce ta hana ta faɗi. Jiya da hantsi na zauna gindin darbejiya na yi bisimilla na danna koren nan. Hinde, da kin ga yadda dabbar nan ta karɓi abinci da kin yi kuka. Shina ci shina girgiza. Ban yi gaggawa ba, kaɗan-kaɗan na ba shi kamar yadda nika yi wa rago sabon zuwa, don kada ciki ya ɓaci. Yanzu shina kan 2,140. Ƙahon ya yi tsawo, wuyan ya cika. Na kai majalisa, Ɗan'iya ya duba ya duba ya ce, "To, yanzu kam an ga hannunka." Ranar da kinka dawo ba za ki gane shi ba.

Naki,
Ɗanmaliki

Ƙarin bayani. Na naɗe wagga takarda ke nan sai ga Malam Almu, wando duk laka. Ya ce ruwa ya yanke hanya, takardarki na aljihunsa tun tuni cikin leda. Na karanta. Na sake karantawa. Na je na gwada ƙofar filin, ta nuna mini ja. Innalillahi wa inna ilaihi raji'un. Ban canza abin da na rubuta a sama ba, don ki ga da wace zuciya na yi.


Fakku

Ɗanmaliki,

Na amsa sallama don wajibi ne. A gaida Goggo da Batula, Allah ya ƙara wa yarinya lafiya.

Na ga da wace zuciya ka yi. Da zuciyar mutumin da aka rubuta masa "kada" da tawada baƙa, ya duba ya ce wannan mata ba ta san abin da take so ba, bari in tambayi Ɗan'iya. Na karanta tarihin garuruwan da aka ci da yaƙi, ban taɓa cin karo da wanda aka rushe saboda mai gadi na jin kunyar majalisa ba. Kai ne na farko. Har da kaɗan-kaɗan don kada ciki ya ɓaci! Allah ya saka maka da wannan tausayi.

Shekara biyu na yi ina gina dabbar nan. Ba shekarun ke ƙona ni ba. Abin da ke ƙona ni, ranar Juma'a yarinyar can za ta gama aikinta, ta zauna, ta buɗe waya, ta jira. Za ta ga ba kowa. Mako mai zuwa ta sake ganin ba kowa. Kuma ta san halina, ta san ba na mantuwa, don haka abu ɗaya za ta ɗauka. Sa'a guda nake da ita a mako, ita ma ba magana a ciki, ka ɗauke ta ka zuba wa kunkuru a baki.

Ka riƙe wayar. Ka ci gaba da ba shi har ya fashe. Kada ka sake rubuto mini.

Hinde


Fakku

Ɗanmaliki,

Assalamu alaikum. Malam Almu ya je ya dawo, ya je ya dawo, hannu wofi. Ya ce kana lafiya, ya gan ka kana sauke harawa. To me ya samu hannunka?

Wato maganar da na nufa ka ƙi bi, wadda na faɗa cikin fushi ita ce ka riƙe kamar wasiyya. Kai dai Allah ya shirye ka. Ka rubuto. Allura na zuwa har yanzu, ko ya daina? Ko da ƙofar ta rufe ana iya ganin wanda ke jira, ka duba gefen hagu. Duk abin da ka gani ka faɗa mini yadda yake, kada ka sa masa gishiri.

Hinde


Tambuwal

Zuwa ga Malama Hinde,

Wa alaikumus salam. Kowa lafiya. Inna ta ce a gaishe ki, ta kuma ce mu biyun nan tun muna rarrafe muke ba ta ciwon kai. Na yi shiru ne don na ce wanga karo zan bi abin da anka rubuta harafi da harafi. Ashe nan ma ban dace ba.

Allura ya zo Juma'ar farko, ya jira har kusan magariba. Ina kallonsa, ba yadda zan yi. Ta biyu ma ya zo. Ta ukku bai zo ba. Ina zaune da wayar a hannu sai ta yi ƙara, lamba ba suna. Na ɗauka.

Ta ce, "Malama?" Kin san haka take kiranki.

Na ce, "Ruwaida, kawunki ne Ɗanmaliki."

Sai na ji numfashinta ya canza. Ta ce, "Kawu, mi ya samu Malama? Kada ka yi mini kwana-kwana, faɗa mini kawai."

Na rantse mata kina lafiya, bayanki kawai ke ciwo, bakinki kuwa lafiyarsa lau. Ban ga amfanin ɓoyo ba, na kwashe komai na faɗa mata: canjin, da rashin sabis, da kiwon, da tsabar. Ta tambayi nawa ya kai. Da na ce 2,140 sai ta yi dariya har da tari, ta ce, "Kawu, ai ba na layya ba ne!" Na ce na ji wannan daga babbar kotu, ba sai ƙarama ta ƙara ba.

Sannan ta daina dariya. Ta ce tun Juma'ar farko da na shiga ta san ba ke ba ce. Ta ce ke ba ki taɓa barin Turmi ya yi faɗa da kansa ba, kullum sai kin matsa da shi ya tare dukan da anka nufo Allura da shi. Ta ce, "Na ɗauka ta gaji da ni ne ta ba wani yaron maƙwabta. Na ce ko hakan ne zan riƙa zuwa, ai wayarta ce."

Hinde, haka ta ce. Na yi ta kallon raguna.

Ban nemi izininki ba, na ba ta lambar ƙaramar wayarki. Na ce in kin shigo Kebbe ana samunki. Ta ce za ta kira Juma'a mai zuwa bayan la'asar, lokacinku, ko kina nan ko ba ki nan. Na faɗa miki yadda yake. Zagin da zai biyo baya na shirya mai.

Ɗanmaliki


Fakku

Zuwa ga bawana Ɗanmaliki,

Assalamu alaikum. Ina fata kuna lafiya, kai da Batula da yara da Goggo. Ni da sauƙi.

Na je Kebbe. Ba don ka ce ba, dama ina da alli da zan saya. Na zauna a rumfar wata mai ƙosai kusa da tasha, inda waya ke nuna sanda biyu. Na ci ƙosan da ban yi niyya ba don kada matar ta ga ina jiran wani abu. Wayar ta yi ƙara, na bar ta ta yi sau uku.

Ta gaishe ni, na amsa. Ta tambayi baya, na ce yana nan. Na tambayi mijinta, ta ce albasa ta yi tsada, yana murna. Ina jin ana soya wani abu a wajenta, ita ma tana jin nawa.

Sai ta ce, "Malama, dama lissafinki na Turmi akwai gyara. Kin ba juriya nauyi daidai da kariya, alhali a faɗan biyu-biyu kariya ta fi."

Ka ji fa! Yarinyar da ta ajiye karatu za ta gyara mini lissafi. Na ce ta kawo hujja. Ta kawo. Na ari takardar naɗe ƙosai na bi ta layi-layi, muna musu, mai ƙosai na kallona kamar na zare. Ba ta yi daidai duka ba, wuri ɗaya ta tsallake mataki na kama ta. Amma a babban zancen ita ce da gaskiya, kuma kan nan nata yana nan yadda na san shi, ko tsatsa bai yi ba. Wannan ya ƙara mini haushi, na kuma faɗa mata. Ta ce ta sani.

Turmi dai ya tafi, mun duba ta kowace fuska, ba shi da amfani a filin manya. Ta ce ta kama wani ƙarami irinsa mai ƙarancin duka, za ta rene shi a wajenta da sabon lissafin, in ya kai ta tura mini. Na ce wannan aikin wata da watanni ne, kafin nan fa? Ta ce, "Kafin nan sai in riƙa kira ina faɗa miki inda ya kai, kada in yi kuskure."

Na ce to, tunda ba a yarda da lissafinta sai an duba.

Kada ka ɗauka wannan ya wanke ka. Ban yafe ba, kuma in Ɗan'iya ya ji cewa ɓarnarku ta haifi wani abu, sai na zo Tambuwal da kaina. Ka dubi abin da ka jawo mini: mace da shekaruna, kan mashin, cikin wannan laka, zuwa da dawowa. Ka ce wa Batula ta aiko mini da daddawar nan, ta haɗa da man zafi babban kwalba. Hanyar Kebbe za ta ƙarasa mini baya, kuma ranar Juma'a zan koma.

Uwargijiyarka,
Hinde